Hannun Daman Gib Nikson

"A hankali dai, ba buhun sha'ir kuke saukewa ba!" in ji Elspet daga gindin tsani, hannuwanta a sama kamar ita ce za ta tare shi in ya suɓuce.

Maza biyu na maƙwabta ne ke zuro tsoho Gib Nikson ta ƙofar bene, a naɗe cikin bargo, an ɗaure shi da igiyar shanu. Gidan Gib irin na kowa ne a kwarinmu: dutse daga ƙasa har sama, shanu a ƙasa, mutane a bisa, ƙofa kuma can sama, sai da tsani. An gina shi don kada maƙiyi ya shiga. Ba wanda ya yi tunanin yadda mai gida zai fita ranar da ƙafafunsa suka ƙi shi.

"Ƙyale su, mace," in ji Gib daga cikin bargon, muryarsa a shaƙe. "Na sauko da shanun mutane ta gangaren da ya fi wannan."

"Ai su ne suka kai ka inda kake. Yi mini shiru, ka adana numfashinka."

Aka kwantar da shi kan katakon jan ciyawa, aka ɗaura wa guntuwar goɗiyar Elspet. Mazan suka yi masa sallama suna sunkuyar da kai, don sun ga fuskarsa, sun san ba zai sake hawa wannan tsanin ba.

Elspet Rutlij ungozoma ce, shekara talatin da huɗu bangonta na jingine da na Gib. Ba a wannan gefen aka haife ta ba. 'Yar gidan Eliyot ce daga tsallaken rafi, ɓangaren Sikotlan, aure ya kawo ta ɓangaren Ingila. Mijinta ya rasu tuntuni. Shi ma Gib ba shi da kowa: matarsa ta riga shi, ɗansa na fari an rataye shi a Karlayil, ƙaramin ya shiga jirgin ruwa bai waiwayo ba. Tun da ciwo ya kwantar da shi bayan girbi, ita ke hawa tsani da kwanon kunu safe da yamma, tana ba shi tana yi masa faɗa.

Kwana uku da suka wuce ya ture cokali, ya ɗago hannunsa na dama ya zuba masa ido.

"Elspet, wannan ba a yi masa baftisma ba."

Ai ta sani. Wa zai gaya mata? A nan iyaka, in an kawo jariri namiji gaban fada, wato limamin coci, don baftisma, sai a naɗe hannunsa na dama da tsumma, a ɗaga shi gefe kada ruwa ya taɓa shi. Duk abin da hannun ya yi daga baya, sara ko suka ko koro shanun wani, to babu ruwan Ubangiji da shi, babu ruwan mai hannun. Ita kanta ta naɗe irin waɗannan hannaye ba iyaka, uban yaro a tsaye a kanta yana kallo. Ba ta taɓa so ba, amma ba a tambayar ungozoma ra'ayinta.

Ta kuma san abin da wannan hannun ya yi. Shekara talatin ke nan, a mashigin rafi, an soke wanta Dand Eliyot yana bin sawun shanunsa. Kowa ya san wa ya yi. Da aka kai ƙara ranar sulhu, ranar da hakiman iyaka ke zaman shari'a, Gib ya ɗora hannun nan a kan Littafi Mai Tsarki ya rantse bai san komai ba, aka sallame shi, ya dawo gida yana fito. Rantsuwar hannun da ba a wanke ba ai ba ta kama mutum. Shekara goma Elspet ba ta amsa gaisuwarsa ba. Sai lokacin sanyin da mijinta ya mutu, ƙanƙara ta tsare ta a gida kwana biyar, aka wayi gari Gib ya haƙo hanya har bakin tsaninta da tulun madara a hannu. Ba ta yafe masa ba. Ta dai gaji, ta karɓi madarar.

"Ba zan tafi rabi da rabi ba," ya ce mata ranar. "Ina so a wanke shi."

Matsalar ita ce fada. Tun da aka ƙone cocinmu babu fadan da ya zauna a wannan gefen. Sai Fada Kutbat, mai yawo da littafinsa a cikin riga, shi kuwa a gidan Eliyot yake cin abinci bana, ba zai tsallako don wani Nikson ba. Amma yau ranar sulhu ce a rafin Kashof. Hakiman iyaka biyu za su zauna sauraron ƙararraki, kuma daga fitowar ranar yau zuwa ta gobe ba mai zare wa wani makami. In akwai ranar da Gib zai kusanci Eliyot ya dawo da kansa a wuyansa, to yau ce. Abin da Elspet ba ta sani ba shi ne ko zai kai.

Hanyar duk tudu ce da laka, yayyafi na sauka ba ƙaƙƙautawa. Tana jan goɗiya tana kasa kunne ga numfashinsa. In ya yi shiru da yawa sai ta tsokane shi.

"Kai, ɓarawon shanu, kana nan?"

"Ina zan je? Kin ɗaure ni kamar maraƙi."

"In ka mutu mini a hanya, na rantse a nan zan juye ka in koma gida."

"Ke dai ja. Goɗiyar nan ma ina jin ta Eliyot ce."

"Kai ka sayar wa mijina ita, kai ka sani."

Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Ta tsaya ta ɗago kansa, ta goge masa jinin da ya fito a gefen baki, ta ci gaba da tafiya da sauri.

Rana ta kusa tsaka suka iso. Filin bakin rafi ya cika: dawakai, maza riƙe da mashi, mata masu sayar da giya da gurasa, can kuma rumfar hakimai da masu ƙara a layi. Da aka gane wanda ke kwance a kan katakon, surutu ya fara mutuwa daga wannan gefen har wancan. Elspet ba ta kalli kowa ba. Ta tsayar da goɗiya daidai bakin ruwa, ta tattare zaninta, ta shiga rafin har gwiwa ta haye.

Fada Kutbat na zaune kan dutse a tsakiyar 'yan Eliyot yana cin cuku. Ya saurare ta har ta gama, sannan ya kakkaɓe yatsunsa.

"Inna, baftisma sau ɗaya ake yi. Ba a yi wa mutum sau biyu."

"Wa ya ce sau biyu? Ta farkon ce ba a ƙarasa ba. In aka yi jinkar ɗaki aka bar kusurwa ɗaya, wanda ya zo ya rufe ta sai a ce ya yi jinka biyu?"

"Ba haka abin yake ba."

"To yaya yake? Sau nawa ka ga ina naɗe hannun jariri a gabanka, kana kawar da kai kamar kana duba hadari?"

Wasu suka yi dariya. Fada bai yi ba. Ya saci kallon mutumin da ke tsaye bayansa, ƙato mai jan gemu, hular ƙarfe a rataye a hannu. Wat Eliyot ke nan, ɗan marigayi Dand, wanda yake da shekara tara lokacin da aka kawo ubansa a kan doki a kife. Elspet ta gane a nan maganar take, ba a cikin littafi ba.

"Goggo," in ji Wat, "da tsufanki kika jawo mana wannan har nan? Ya ga rami ya matso, yana neman ƙofar baya. Bar shi ya tafi da hannunsa yadda yake."

"Wat, wana ne kafin ya zama ubanka. Kada ka koya mini zafinsa."

"To me ya sa kike yi masa bauta?"

"Zo ka ji da kunnenka. Ko tsoron tsohon da ba ya iya ɗaga cokali kake yi?"

Ba a faɗa wa Eliyot haka a gaban jama'a ya zauna. Wat ya shiga ruwa, fada na biye da shi yana ɗage riga, mutanen gefe biyu suka matso suka yi da'ira. Wat ya tsaya a gefen katakon, inuwarsa ta rufe fuskar tsohon.

Gib ya buɗe ido. "Ka yi kama da shi," ya ce.

"Kada ka ambace shi."

"Dole in ambace shi, don shi na zo." Ya ja numfashi, ƙirjinsa na ƙara. "Shekara talatin ina gaya wa kaina hannu ne ya yi, ba ni ba. Da shi na rantse a can, ƙarƙashin waccan rumfar, na ce ban sani ba. To ƙarya na yi. Ba hannu ba ne, yaro. Ni ne. Ni Gib Nikson na kashe Dand Eliyot a mashigi, yana bin shanunsa na halal, ya kuwa ce mini in bar masa saniya ɗaya mai tatsa don yara, ban bari ba."

Elspet ta daɗe da sanin maganar, amma ba ta san akwai wani abu a ƙirjinta da ke jiran a faɗe ta a fili ba, sai da ta ji ya saki.

"Ba gudu nake yi ba," in ji Gib. "In an wanke shi, duk abin da ya yi ya dawo kaina. Haka nake so in tsaya a gaban Ubangiji, da kayana duka. Shi ya san abin da zai yi da ni."

Wani daga baya ya ce, "Ya amsa laifi ranar sulhu, ai wannan rataya ce."

"To su yi sauri," in ji Gib.

Wat bai yi dariya ba. Ya kafa wa tsohon ido. Tun yana yaro ake ce masa shari'a ta wanke mutumin, ya haɗiye. Yau ga shi an faɗa a gaban Ingila da Sikotlan, kowa ya ji. Ya juya ga fada.

"Yi masa."

"Babu kwano," in ji Fada Kutbat, yana lalube a jikinsa.

Wat ya sunkuya ya ɗebo ruwan rafin da hular ƙarfensa ya miƙa masa. Elspet ta warware bargon ta fito da hannun, fata da ƙashi, duk tabon igiya da takobi. Gib ya yi ƙoƙarin ɗaga shi, ya ɗan taso, ya koma. Ya sake, ya kasa. Elspet ta kai hannu za ta taimaka, sai Wat ya riga ta. Ya durƙusa a cikin laka, ya kama wuyan hannun da nasa hannun na dama, ya ɗaga shi sama.

Fada ya fara karatu ya tuntsurar da hular. Ruwan ya sauko kan yatsun Gib, ya cika tafinsa, ya gangaro ya bi ta kan na Wat har cikin hannun riga.

"Wat, hannunka!" wani ɗan'uwansa ya yi ihu. "Janye, ruwan na taɓa ka!"

Elspet ce ta naɗe wannan hannun na Wat da tsumma tun tana budurwa, kafin a kawo ta wannan gefen. Ta ga Wat ya dubi ruwan da ke bin fatarsa, ta ga ya gane nasa hannun ma wanke shi ake yi. Bai janye ba. Ya riƙe har ɗigon ƙarshe.

Ba a san wanda ya fara ba, amma sai ga huluna na sauka daga kawuna, gefe biyu, har bakin rumfar hakimai. Wata mai sayar da giya ta rangaɗa guɗa. Elspet ta tsaya a tsakiyar fili da jiƙaƙƙen zani, tana kuka ba ta ɓoyewa, daɗi ya cika ta har ba ta san inda za ta sa kanta ba.

"Ke, mace," in ji Gib da ƙyar, "an gama?"

"An gama, tsoho. Duk jikinka ya zama na mutum ɗaya."

"To kai ni gida. Kada ki rufe shi, bar shi ya bushe da kansa."

Wat da kansa ya juya mata kan goɗiyar. Ba wanda ya sake zancen rataya.

Yayyafi ya ɗauke kafin su kai tudun farko, rana ta ɗan leƙo. A saman tudun, inda ake hango hayaƙin kwarinmu, Elspet ta ce, "Ga gidanka can." Ba a amsa ba. Ta tsayar da goɗiya ta zagayo. Idanunsa a buɗe suke suna kallon sama, fuskarsa a sake. Ta rufe masa su, ta ja bargo har haɓarsa. Hannun daman ta bar shi a waje yadda ya ce, a kan ƙirjinsa, tafin a buɗe, da sauran ɗan ruwa a tsakiyarsa yana ƙyalli.