Wanda Ba a Ganin Ƙwallo a Hannunsa

A Dogon Dutsi kowa da abin da yake faɗi game da Hakim ɗan Malam Abdu. Ƴan kabu-kabu na cewa ƙwallo yake yi a Amurka, irin tasu da ake rungumewa a ruga da ita. Ƴan kasuwa na cewa shekara bakwai ke nan suna kallonsa a waya, ba su taɓa ganin ƙwallon a hannunsa ba. Wani tela ma ya rantse aikinsa ke nan, a tura shi gaba ya sha karo kamar rago, wani ya kwashe tafi.

Maganar telan ce ta kai kunnen Malam Abdu. A gaban mutane ya ce bai haifi ɗa don ya zama garkuwar ɗiyan wasu ba. Tun daga ranar bai ƙara ɗaukar kiran Hakim ba.

Bana an yi wa Hakim aiki a kafaɗa, ƙungiyarsa kuma ta ce ya ƙara shekara guda. Sai ya aiko wa yayarsa Rumaisa'u saƙo: in Baba bai sa albarka ba kafin Jumma'a, ba zai sa hannu ba, ya bar wasan ke nan.

Ran Alhamis ta taso daga Tibiri, inda take aure. An yi ruwan farko, don haka gona ta nufa, kan hanyar Matankari. Ta iske tsohon a gaba da sungumi yana sara, mata biyu na binsa suna zuba iri. Ta ɗaura gyale a ƙugu, ta karɓi ƙwarya ta bi layi har rana ta take, suka dawo gindin gawo.

"Baba, na zo da abu ka gani."

"In na ɗan'uwanki ne, na gani na ƙoshi."

"Ba ka gani ba. Mai ƙwallo kake kallo, kamar kowa."

"To wa za a kalla? Mai sayar da ruwa?"

Matan suka yi dariya. Ita ba ta yi ba. Ta durƙusa gefensa, ta kunna waya, ta ɗora babban yatsanta a kan mutumin da ke riƙe da ƙwallo, ta rufe shi ruf.

"Ga naka nan, mai lamba arba'in da huɗu. Shi kaɗai za ka bi."

Ya kau da kai. Ta maido hoton baya. Ya sake kau da kai, ta sake maidowa. A na uku ya duba.

Ƙarti sun jeru kamar katanga. Hakim ya sunkuya ya shige su da kafaɗa, katangar ta tsage, wani abu ya wuce a ƙarƙashin yatsanta. Jama'a na ihu can wani wuri. Shi kuwa Hakim yana ƙasa, ya dafa gwiwa, ya tashi a hankali, ya koma layi.

"Sake," in ji tsohon.

Ta sake. Ya matso da fuska.

"In bai shiga ba, wancan na wucewa?"

"Ko taki biyu ba ya yi."

"Kullum haka?"

"Shekara bakwai, Baba."

Ya daɗe yana duban sungumin da ke kwance gabansa, da ramukan da suka miƙe har ƙarshen gona.

"Sara yake yi," ya ce. "Wasu na zuba iri."

Rumaisa'u ta danna wurin ɗaukar murya, ta kai wayar bakinsa. Ya yi gyaran murya, ya dubi matan kamar zai ce su tashi, sai ya fasa.

"Hakimu, ni ne. Ka sa hannu, Allah shi yi maka albarka. Maganar da na yi gaban mutane na yi ta, to ga mutane nan suna ji. Ban duba ba na yi magana. Ka yafe mini."