Layi Biyu da Suka Rage a Hula

"Ka ce wa kapitan sai na gama," in ji Ɗan'azumi, ko kai bai ɗago ba.

Sojan da kapitan ya aiko ya dube ni, ni da na shigo da kunu, wai ko zan sa baki. Ina! Tun da muke maƙwabtaka a Kalley ban ga wanda ya tanƙwara telan nan ba, balle yanzu da tari ya mayar da shi ƙashi da rai.

A kan wani ɗan kati ake rigimar. Wani Bafaranshe da zai koma gida ya bar masa ordinata, wato kwamfuta, wadda ake haɗawa da talabijin a sa kaset a yi wasa. Ɗan'azumi ya ari kaset da katinsa wurin ɗan kapitan, ya kwafe kaset ɗin a rediyonsa mai baki biyu. Katin gida-gida ne, kowane gida da launinsa. Ashe masu wasan sun yi wayo: ba ya buɗewa sai ya tambaye ka gida ɗaya a katin, ka danna launinsa. Fotokofi kuwa baƙi da fari kawai take fitarwa. Shi ne ya ɗauko hula da zare yana ɗinke launukan gida-gida.

Duk saboda yaran da yunwa ta koro daga Tahoua, masu kwana a zaurensa.

"Hadizatu, ba ni da hatsin ba su," ya taɓa ce mini. "Amma in suna wasan nan mantawa suke da ciki."

Sojan ya ce, "Baba, wannan fa sata ce."

"Sata? Ja na ɗauke masa ko shuɗi? Ga katinsa nan, bai ragu ba."

Sojan ya fizge katin ya fice. Wallahi ji na yi kamar in watsa masa kunun. Saura layi biyu na ƙasa a gama hular.

Ɗan'azumi ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Ya kira Kadi, babbar cikin yaran.

"In wasan ya tambayi gidan ƙasa, ki kashe shi ki sake kunnawa. Shi zai gaji, ba ku ba."

Ranar Laraba da hantsi ya cika.

Bayan sadakar uku na leƙa zauren, na tarar wasan ya tambayi gidan ƙasa. Kadi ta kashe, ta mayar da kaset baya, ta sake kunnawa. Yaran suka gyara zama suna jira. Hular tana kan cinyarta, allurar na nan soke inda ya tsaya, da jan zare a jikinta.