Suna na Arba'in da Biyu

Shekara talatin da huɗu Bhatiyani tana kallon ganuwar Chittor ta tagar ɗakinta na sama, amma ƙafarta ba ta taɓa taka ƙofar farko ba, balle ta bakwai. Tagar ma wace taga? Dutse ne aka huhhuda, na ciki ya ga waje, na waje ba ya ganin kowa. Duk da haka, in ka tambaye ta taki nawa ne daga ƙofar ƙarshe zuwa tafkin Sarauniya, sai ta faɗa maka ba tare da ta ɗaga kai daga tsintar wake ba. Ai da hannunta ta rubuta shi.

Littattafan dai na mijinta ne, Thakur Sardul Singh. Tun da gwamnati ta karɓe gonakin gidan ta raba wa manoma, abin da ya rage wa mutumin nan shi ne gida mai yoyo, da takobin kakansa, da gashin bakin da yake yini yana murzawa, sai kuma Sarauniya. Da ita yake kwana, da ita yake tashi: macen da ta tara matan gari ran da sarkin Dilli ya ci ganuwar, ta shige gabansu suka faɗa wuta da ransu don kada hannun baƙo ya taɓa su. Littafi ɗaya ya rubuta a kanta da kansa, sannan yanar ido ta rufe masa gani. Na biyu da na uku, shi ya faɗa, Bhatiyani ta rubuta. Shekara tara ke nan, kullum bayan shayin safe yana kishingiɗe a barandar ciki, ita tana zaune a ƙasa da alƙalami, lulluɓi a kanta, ko da yake babu mai ganinta sai makaho.

Bhatiyani ba sunanta ba ne. Ran da aka kawo ta daga Jaisalmer, sunanta ya tsaya a bakin ƙofa tare da takalman 'yan rakiya, don a gidan Rajput, ƙabilar masu sarautar ƙasar, da sunan dangin ubanta ake kiran matar aure. Ubanta Bhati ne, shi ke nan ta zama Bhatiyani, kamar wasu uku da aka yi a gidan kafin ita. Uwarta kuwa Saras ta raɗa mata, Saras Kanwar. Uwar ta mutu, 'yan uwa mata sun bi ta ɗaya bayan ɗaya, sai yayanta kaɗai ya rage mai buɗe wasiƙa da "Saras, ƙanwata". Shi ma damina ta bara ta tafi da shi. Tun daga ranar tsoro ya kama ta, irin wanda ba ta taɓa ji ba: anya akwai wani mai rai a duniyar nan da ya san sunanta?

Abin haushin, littafi na uku ba a kan komai yake ba sai sunaye. Ita ce ma ta jawo shi. Wata rana tana karanta wa Thakur wani tsohon kundi na maroƙa, inda aka jera matan da suka bi Sarauniya cikin wuta, sai ta ji bakinta yana ta maimaita abu ɗaya: Hadi, Hadi, Jhali, Bhatiyani, Hadi. Duk sunayen dangi ne.

Ta ce, "Hukum, su waye waɗannan?" Haka take kiransa, wato ranka ya daɗe, kamar kowa a gidan.

Ya ce, "Mata ne mana."

"Na sani. Su waye?"

Daga nan ta shiga aika wasiƙu da sunansa zuwa ga maroƙan da ke riƙe da kundin matan gidajen sarauta, tsofaffi masu rowar takarda, waɗanda sai an rubuta musu sau uku su amsa sau ɗaya. Shekara shida tana wannan fama. Suna arba'in da ɗaya ta haƙo, kowane da garin da aka ɗauko mai shi. Thakur ya yi murna har da ƙwalla. Duk baƙon da ya zo zauren ƙasa sai ya ji jawabi, ita kuma tana jiyowa ta ramin bene.

"Abin kunya ne gare mu!" in ji shi, yana dukan tabarma da sanda. "Mace ta ba da ranta, mu kasa riƙe mata suna? Ni Sardul Singh na ce ba za ta yiwu ba!"

Hm. Shi Sardul Singh.

To, ana nan mai ɗab'i na Ajmer ya aiko cewa mutuminsa zai zo ran Alhamis da azahar ya karɓi takardu. Komai ya kammala sai shafin godiya. Da safen ranar Thakur ya shanye shayinsa, ya gyara zama, ya fara zubo godiya: ga abin bautar gidan sarautar Mewar, ga kakanni, ga maroƙa, har da likitan da ya kasa gyara masa ido. Sannan ya yi gyaran murya, irin na mai shirin ba da kyauta.

"Sa wannan a ƙarshe. Da kuma wadda ta zama idona da hannuna..." Ya yi murmushi. "To, rubuta sunanki, Bhatiyani-sa. Na yarda. Su dattawa su yi ta gunaguni." Wannan "sa" ɗin da yake liƙa wa sunan, girmamawa ce a harshensu.

Daɗi ya kama ta. Ta tsoma alƙalami a tawada, ta kai shi bakin takarda, sai hannun ya tsaya da kansa.

"Faɗa in rubuta, Hukum."

"In faɗi me?"

"Sunan. Duk abin da ke cikin littafin nan kai ka faɗa na rubuta. Wannan ma haka."

Ya yi dariya, ya murza gashin baki. "Haba, Bhatiyani-sa, tsufa ne ya fara taɓa ki? Yaushe miji ya taɓa kama sunan matarsa? So kike in rage miki kwana? Uwata har ta mutu ban ji ubana ya kira ta ba."

"Gaskiya ne," in ji ta. Ta ajiye alƙalamin, ta matsa kusa da gadon, ta shimfiɗa tafin hannunta a kan gwiwarsa. "Ba sai da baki ba. Ga hannu. Rubuta da yatsa, babu mai ji."

Ya kama hannun. Rabon da ya riƙe shi haka har ta manta. Yatsansa ya sauka a tsakiyar tafin, ya tsaya, ya yi ɗan zagaye kamar mai neman ƙofa a bango. Can sai ya fara zana baƙi, a hankali, ɗaya bayan ɗaya, ita kuma tana karantawa da fatarta. Kanwar. Abin da ya rubuta ke nan, ya saki hannun da sauri.

"Wannan ai na kowa ne, Hukum. Kowace 'yar Rajput Kanwar ce. Na gabansa fa?"

"Shayin nan yau babu citta."

"Na gabansa, Hukum."

"Kai, wannan mata da naci!" Ya daki gado da tafi. "Sau ɗaya aka faɗe shi, ranar aure, ga ganguna, ga hayaƙi yana shiga ido, ga malamin nan mai magana ta hanci! Wa zai..." Ya juya fararen idanunsa wajen bango. Da ya sake magana muryar ta yi ƙasa. "Da harafin ra yake farawa, ko?"

Ba fushi ta ji ba, da ma fushin ne da ya fi sauƙi. Wani sanyi ne ya ratsa ta tun daga tafin hannun har ƙirji. Mutumin da ya haddace shekarar da aka haƙa kowace rijiya a kan dutsen can, ya san sunan dokin kowane jarumi da ya mutu a ƙofa ta biyu, shi ne yake mata canki-canki. Kuma ba mugu ba ne, abin da ya fi ci mata rai ke nan. Bai taɓa ɗaga mata hannu ba. Bai dai taɓa tambaya ba.

Da ta buɗe baki ta faɗa masa, da an wuce wurin. Sai dai sunan da ka sa wa mutum a baki yau, gobe ma sai ka sake sa masa.

"Rubuta Bhatiyani-sa kawai," in ji shi, yana lalubar sandarsa. "Kowa ya san ke ce. Ya ma fi mutunci."

Ta rubuta yadda ya ce. Ya sauka zaure, sanda tana ƙwanƙwasa matakala, ya bar ta da tulin takardu. Ta zauna tana jera su shafi bayan shafi, rana tana shigowa ta ramukan taga tana ɗiga a kan rubutunta. Da ta zo kan jerin matan sai ta tsaya. Ga su nan arba'in da ɗaya, kowace ta samu nata. Ta san yadda ta wahala a kan kowane suna, ta san ba ta taɓa sa ko ɗigo na ƙarya ba, ko da Thakur ya so a ƙara gishiri. A ƙasan shafin akwai sauran fili kamar faɗin yatsa biyu.

Ta daɗe tana kallon filin nan. Sannan ta tsoma alƙalami.

Da azahar mutumin Ajmer ya zo, ta miƙa ƙunshin ta bayan labule, ya karɓa ya tafi.

Bayan wata huɗu littafi ya iso, ana saura mako biyu taron shekara da ake yi a kan ganuwa don tunawa da matan. An roƙi Thakur ya karanta sunayen a gaban jama'a, kuma da yake ba ya gani, dole ya haddace. Ita ba za ta je ba, matan gidan ba sa hawa. Ya rungume littafin, ya shinshina shi kamar jariri, ya miƙa mata, ya ɗauko carbinsa.

"Karanta a hankali. Ina ƙirgawa."

Ta fara. Kowane suna ta faɗa, sai ya maimaita, ya ja ƙwaya ɗaya. Muryarta ba ta yi rawa ba har na arba'in da ɗaya. Ya riga ya fara naɗe carbin lokacin da ta ce, "Saras Kanwar, Bhatiyani, daga Jaisalmer."

Yatsunsa suka tsaya. Ta ɗaga lulluɓin ta zuba wa fuskarsa ido, tana jira. Ya zage ta ma ta yarda, ya ce ta ɓata masa littafi, ya ce ta yi wa matattu ƙarya, in dai ya gane.

"Ba arba'in da ɗaya ba ne?"

"Wata ta ƙaru daga baya, Hukum."

"Shi ne ba ki gaya mini ba? 'Yar gidanku ce ma, kin ga abin alfahari. Me aka sani a kanta?"

"Ba a san komai ba. An kawo ta tana yarinya, ta shiga, ba ta fito ba."

Ya girgiza kai, ya haɗa tafukansa biyu ya kai goshi, kamar yadda yake yi wa duk wadda ta ƙone. Ƙwalla ta gangaro ta shige gashin bakin.

"Kaico, abar tausayi. Shekara ɗari bakwai babu mai kiranta. Kin ga, da ba don littafin nan ba, da shi ke nan ta ɓace." Ya ja ƙwayar carbi. "Saras Kanwar. Suna mai daɗi a baki. Bari in riƙe shi da kyau, kada in ji kunya a gaban mutane. Saras Kanwar."

Ya ɗaga murya yadda zai yi a kan ganuwa, ya ja shi da taushi, kamar mai kiran wani daga ɗaki na kusa.

"Saras!"

"Na'am," in ji ta. Bakin ne ya amsa kafin ta tare shi.

Thakur ya yi tsaki kaɗan, ya kaɗa hannu.

"Ba da ke nake ba, Bhatiyani-sa. Koma daga farko."