Shekaru Goma Sha Ɗaya da Suka Ɓace

Littattafan rubutu huɗu ɗaure da igiyar takalmi, kalkuleta, gorar ruwa, maganin idon Baba, da gwajin bugu mai shafi casa'in. Abin da ke cikin jakar Auta ke nan a kujerar baya ta bas, a hanyarta ta komawa gida daga maɗaba'a.

Littattafan na mahaifinta ne, tsohon malamin makaranta. Shekara arba'in yana rubuta tarihin duniya tun daga Ruwan Ɗufana, kowace shekara layi ɗaya da lambarta. Idonsa na dusashewa, burinsa ya ga littafin a buge tun yana iya bambance baƙi da fari.

Mai ɗab'in ne ya ɓallo ruwa. Ya jera shekarun kalanda a gefe, ya fara daga layin ƙarshe, wato bana, ya yi baya. Sai kowane yaƙi da kowace girgizar ƙasa suka makara da shekara goma sha ɗaya, har da haihuwar Auta. Ya taya ta murnar komawa 'yar ashirin da uku, sannan ya ce kafin ƙarfe biyar ta faɗa masa a gyara ko a bari, don gobe na'urar ta wani ce.

Ta yi karatu a waje, ta san inda masu tarihi ke tuntuɓe. Ta zargi bambancin shekarar wata da ta rana, lissafi ya ba ta ɗari da wani abu. Ta zargi sarakunan da suka yi zamani ɗaya aka jera su bi da bi, ta samu bakwai, ta sake ta samu sha tara. Har ta wuce tasharsu tana cikin fir'aunoni, ta dawo a ƙafa.

Ta tarar da Baba a bakin taga, rediyo a cinya. Ta zayyana masa komai. Ya ce wata bai ci masa ko kwana ɗaya ba, sarakunansa kuma kowa na kan kujerarsa.

"To ina shekarun suka shiga, Baba?"

"Ke da aka tura ki koyo ƙirga? Kin duba ƙarshe?"

Ba ta duba ba. Wa ke neman kuskure a jiya? Ta buɗe littafi na huɗu. Layi ɗaya ya ce: Auta ta tafi karatu. Na ƙasansa, da lambar da ke biye, ya ce: Auta ta dawo.

Ta ce ai an yi abubuwa a shekaru goma sha ɗayan da ke tsakani, an yi ambaliya, Inna ma a ciki ta rasu. Ya ce ya sani, yana nan aka yi. Ya murɗa rediyonsa.

Ta tsaya riƙe da littafin, ta rasa ko zargi ne ko mantuwa. Agogon bango ya nuna biyar saura kwata. Ta fita baranda ta kira mai ɗab'i. Ya tambaya ko an gano ɓarawon shekarun.

Ta ja ƙofar ɗakin Baba ta rufe.

"Kar ka taɓa lambobinsa. Ka bar layi goma sha ɗaya babu komai tsakanin layin tafiyata da na dawowata. Ni zan cike da hannu."