Ƙarfe a Zuciyar Auta

Shekara shida Yaya tana aika wa Auta maganin ƙarin jini, kwalba biyu duk farkon wata, ba fashi. Kemis gare ta a bakin titi, tsakanin mai gyaran waya da mai aski, kuma duk wanda ya shigo ya ce yana jin kasala, kafin ya rufe baki ta sauko da kwalba daga kan kantar magani. Auta ƙaninta ne, ita ta goya shi bayan rasuwar mahaifiyarsu. Yanzu shekarunsa arba'in da huɗu, yana koyar da lissafi a sakandare, yana da mata da tagwaye, amma a idonta bai wuce yaron da take matse wa hanci ta ɗura wa magani ba.

Ranar da ya fara kukan gajiya, ta ja fatar idonsa ƙasa ta leƙa, ta ce jini ne ya yi ƙasa. Ya sha, gajiya ba ta tafi ba, ta ƙara masa da ƙwayoyi. Fatarsa ta yi duhu, gaɓoɓin yatsunsa suka riƙa ciwo, ta ce rana ce da alli. Daga baya ƙafafu suka kumbura har takalmi ya ƙi shiga, ba ya iya kwanciya sai da matashi uku. Wata Talata yana tsakiyar rubutu a allo, numfashi ya gagare shi, ya zauna daɓas a ƙasa a gaban ɗalibai.

Sai kwana na uku matarsa ta kira. Shekara goma sha ɗaya da auren, amma har yau Amarya Yaya take ce mata, kuma ba don ƙauna ba.

"Muna asibiti, hawa na uku, gado na tara. In kin ga dama ki zo."

Yaya ta ja ƙofar kemis ta rufe, ta jefa kwalba biyu a jaka. Ta tarar da Auta a jingine, robar iska a hanci, ƙafafunsa suna sheƙi kamar an shafa musu mai. Amarya tana ganin wuyan kwalba ya leƙo ta miƙe tsaye.

"Mene ne wannan a jakarki?"

"Abin da ya riƙe miki miji shekara shida, ke kina can kina taka keken ɗinki."

"Wallahi in kika buɗe ta a ɗakin nan sai na fasa ta a gabanki."

"Kai Auta, kana jin matarka?"

Auta ya rufe ido. Ana cikin haka likitar zuciya ta shigo, wata 'yar gajeruwa da tabarau, da fayil a hannu. Ta miƙa hannu ta karɓi kwalbar, ta juya ta karanta bayanta.

"Ke ce mai ba shi wannan? Tun yaushe?"

"Shekara shida. Likita, shekarata ashirin ina sayar da magani."

"Na ji kina sayarwa. Kin taɓa sa ya auna jini kafin ki ba shi?"

Likitar ta ajiye kwalbar a kan taga, nesa da gadon.

"Jininsa bai taɓa yin ƙasa ba. Mun yi hoton zuciyarsa, bangonta ya sandare. Tana matsawa daidai, amma ba ta iya sakewa ta cika da jini. Sai jinin ya taru a baya, ruwa ya cika huhu, ya sauka ƙafafu. Abin da ya sandarar da ita sinadarin ƙarfe ne, irin wanda ke cikin kwalbar nan. Ya taru a hanta, ya taru a gaɓoɓi, yanzu ya shiga naman zuciya."

Amarya ta tafa hannu. "To kin ji! Kin ji da kunnenki!"

"Ban gama ba," in ji likitar, ba ta ko kalle ta ba. "Iyayenku suna raye?"

Yaya ta ce mahaifinsu ya rasu yana da hamsin da ɗaya. Sai da ta faɗa sannan ta tuna yadda ya yi baƙi wuluk a shekarunsa na ƙarshe, da yadda aka tsaga masa takalmi da reza don ƙafa ta shiga.

"Na yi zaton haka. Ciwon gado ne. Hanjinsa yana tsotsar ƙarfe daga abinci fiye da yadda jiki ke buƙata, kuma jiki ba shi da hanyar zubar da shi. Ba maganinki ne ya haifar da ciwon ba, amma kin yi shekara shida kina ƙara masa kaya. Ke ma ki je ki auna. Tagwayen in sun girma za a duba su."

"Yanzu me za ku yi masa?"

"Mu rage ruwan tukuna, mu fara maganin da ke fitar da ƙarfe. In ya ɗan farfaɗo, mu riƙa ɗibar jininsa kaɗan-kaɗan, ƙarfen yana bin jinin ya fita."

"Ku ɗebi jini?" Muryar Yaya ta cika ɗakin, har na gado na takwas ya juyo. "Mutumin da ba ya iya ɗaga cokali? Ba da ni za a yi wannan kisan kai ba. Auta, tashi, akwai wani asibitin."

Auta ya zare robar daga hancinsa, ya ja numfashi sau biyu.

"Yaya, ki fita."

"Ni?"

"Sau nawa na ce miki ba na jin daɗinsa, kika ce in rufe baki in sha? Ki fita. Ki tafi da kwalbarki."

A baranda Amarya ta biyo ta, ta ja ƙofa don kada ya ji.

"Ashe ma ciwon gidanku ne. Kullum ni ce ba na ciyar da shi, ni ce na tsotse shi. Yanzu 'ya'yana ma sai an bi su da allura saboda jininku."

"Da kin san darajar jinin namu da ba ki bari ya kwana uku a nan ban sani ba."

"Shi ya ce kada a gaya miki."

Wannan ce ta shige ta. Ta juya ta sauka daga benen.

Wata biyu ba ta taka gidansu ba, su ma ba su kira ba. Labari a bakin mai aski take ji: an sallame shi, kumburin ya ragu, ya koma aiki rabin yini. Likita ta ce zuciyar za ta iya sassautawa, amma ba lallai ta koma kamar da ba. Yaya ta ce ita lafiyarta ƙalau, ba mai tsira mata allura. Sai wata safiya murfin kwalba ya gagari yatsunta, ta tsaya tana kallon gaɓoɓin da suka daɗe suna mata tsami. Washegari ta je awo ba ta gaya wa kowa ba.

Ƙarfen da ke jikinta ma ya hau. Likitar ta ce zuciyarta ba ta taɓu ba tukuna, jinin al'ada ne ya yi ta rage mata shi shekara da shekaru, yanzu da ya ɗauke sai ya fara taruwa. Ta rubuta mata ɗibar jini duk Alhamis.

Ɗakin ɗibar kujeru huɗu ne a jere. Alhamis ta biyu, nas ta gama ɗaure mata dantse ke nan aka turo ƙofa, Auta ya shigo yana takawa a hankali, Amarya tana riƙe da katinsa. Ya rame, amma idonsa ya washe. Ya kalli allurar da ke hannun yayarsa, ya kalli ledar da ke cika a ƙasa, ya zauna a kujera ta ƙarshe, ya bar biyu a tsakaninsu.

"Ikon Allah," in ji Amarya. "Yau kuma kisan kan ya zo kanki, Yaya?"

"Ki kula da abin da ya kawo ki."

"Wa ya rako ki?"

"Ƙafata."

Da ledarta ta cika aka cire mata allura. Ta danne auduga ta yunƙura za ta tashi, ɗakin ya juya mata, ta koma ta zauna. Auta bai kalle ta ba, ya dai ce wa matarsa wani abu ƙasa-ƙasa. Amarya ta ja tsaki.

"Wai ki jira, mota ɗaya za mu shiga. Ni dai ba ni na ce ba."

"Ba na jiran kowa."

Ta ɗauki jakarta ta ɗora a cinya, ta kafa wa agogon bango ido. Saura minti ashirin ledar Auta ta cika, kuma ba ta tashi ba.