Kwanar da Makara Ba Ta Juyawa

"Baba, yafiya na zo nema," in ji Mai Bene, yana durƙushe a gaban gado. "Sai kuma 'yar takardar nan, hannu kawai za ka sa."

Na karɓe ta kafin ta kai ga mara lafiyar. Shekara talatin na yi ina buga takardu a kotu, ko babu tabarau na san takardar janye ƙara.

Mai Agogo, maƙwabcina da muke katanga ɗaya, ya buɗe ido da ƙyar. "Malama, me ta ce?"

"Cewa ta yi ka haƙura."

"Na yafe maka, ɗana, duniya da lahira. Takarda kuwa, hannuna rawa yake yi." Ya lumshe ido. Hannun da ko makon jiya sai da ya ɗaure ƙusar agogo mai ƙanƙantar ƙwayar yashi.

Shekara huɗu ke nan da Mai Bene ya ta da gininsa a bakin lungunmu, ya ci taku biyu na hanya, daidai kwana. Izinin da aka ba shi bai kai nan ba. Muka yi gunaguni, muka saba, tunda mutum na wucewa, babur ma na wucewa. Sai da matar Mai Agogo ta rasu muka gane abin da ba ya wucewa. Makara ta ƙi juyawa. Ta kan katanga aka miƙo gawar cikin gidana, aka fita da ita ta ƙofata mai kallon titi. A idona ƙafarta ta sarƙe da igiyar shanya.

Ana tashi daga zaman makoki Mai Agogo ya shigar da ƙara. Abu ɗaya yake so: ranar da tasa ta zo, a fitar da shi ta ƙofar gidansa.

Ana cikin shari'a hukumar tsara gine-gine ta ci Mai Bene tara, ya biya, aka buga masa hatimi, wai gini ya halatta. Unguwa ta ce magana ta ƙare. Ni dai hatimin da na gani a rayuwata ya fi dubu, ban ga wanda ya faɗaɗa hanya ba. Na zauna na rubuta wa Mai Agogo takardar ƙalubalantar wannan halattawa. Kotu ta sa ranar Litinin.

Ranar Asabar da hantsi, saura kwana biyu a zauna, Mai Agogo ya cika.

Babban ɗansa, direba, ya yi sallama a gidana, idonsa jajir. "Mama, ta nan za mu bi, kamar na Inna. Mamaci ai bai san ta inda aka bi da shi ba."

"Ka taɓa mutuwa ne da ka sani?"

"Haba Mama!"

"Ƙofata ta kowa ce, ban da ubanka. Da bakinsa ya hana ni."

Liman ya aiko a ce mini ba a jinkirta gawa. Na ce a gaya masa ba ni na tare hanya ba. Rana tana ɗagawa, maza sun cika lungu, ni kuma ban san abin da zan yi ba in suka sake roƙona.

Kafintan unguwa ne ya auna kwanar da kamu, ya auna makara. "In an ɗaure shi da kyau, aka ta da ita tsaye, za ta juya."

"Gawa a tsaye? Subhanallahi!" in ji wani.

Babu wanda ya motsa, sai Mai Bene. Ya cire hula ya miƙa wa na kusa da shi. "Ni zan riƙe ta ɓangaren bango."

Daga tagata na kalla. Sun ɗaure shi wuri uku, suka fito da shi ta ƙofarsa. A kwanar suka ta da makarar a hankali, direba na tallafe da kan ubansa. Katako ya goge siminti, ƙarar ta shiga har haƙorana. Ta cije, suka ja da baya kaɗan, suka sake. Ta wuce.

A bakin titi suka kwantar da shi, suka saɓa a kafaɗa. Mai Bene na can baya, fentin bangonsa ya ja masa shuɗin layi a farar riga tun daga kafaɗa har ƙugu. Har suka ɓace mini babu wanda ya kakkaɓe masa.