Baƙar Giya a Tukunyar Nuala

Tun da aka binne Nuala, mijinta Fintan ya yi yaji da abinci. Daga shayi sai ɓawon burodi, har kwat ɗinsa ta koma kamar ta aro. Likita bai ɓoye wa 'yarsu Sorcha ba: in tsohon bai soma ci ba, gidan kula da tsofaffi za a kai shi. Mutumin da a gonar nan aka yanke masa cibiya! Ni da muke katanga ɗaya da su tun ina amarya, na san ranar da aka fitar da shi daga gidan, an gama da shi ke nan.

Sorcha ta baro aikinta a Dublin ta zo ta yi ta dafa masa miyar naman shanu irin ta uwarta. Sai ya ɗanɗana cokali guda ya ture kwanon. Rannan ta shigo mini kicin idanu jajur.

"Anti Concepta, me nake mantawa? Nama, albasa, karas, dankali, komai na sa. Cewa yake wai ba ta Mama ba ce."

Na buɗe kabad na dire mata kwalbar baƙar giya.

Ta dafe ƙirji. "Giya? A gidan Baba? Mutumin da ya rantse gaban Fada a coci tun yana yaro ba zai taɓa giya ba, har yau maɓallin masu ƙin giya na maƙale a kwat ɗinsa?"

"Ke dai yarinya ce. Duk Asabar uwarki ta ɓarakar katangar nan take tsallakowa, ta cusa kwalba a aljihun rigar girki ta koma."

Na bi ta gidan na nuna mata yadda Nuala ke yi, don ni kam ban taɓa ganin mai hannu irin nata ba, kuma har gobe ina kewarta. Takan birkiɗa naman a fulawa ta soya shi kaɗan-kaɗan, ba ta yarda ta cika tukunya, sai kowane yanki ya yi ja. Albasa ta bi baya cikin man. Sannan ta tuttula giyar, ta sa muciya ta kankaro ƙanzon gindin tukunya, ta bar ta tana tafasa har ɗacin ya kwanta. Daga nan ta ja tukunyar gefen murhu ta manta da ita har la'asar. Nuala ba ta taɓa yi wa nama gaggawa ba.

Fintan ya zauna fuska a murtuke kamar kullum. Ya kai cokali ɗaya, ya kai na biyu. Bai ɗago ba sai da ya suɗe kwanon da burodi.

"Giyar ta ɗan yi yawa," in ji shi. "Nuala rabin kwalba take zubawa. Sauran kuwa, Concepta, ke kika san inda yake zuwa."

Kunya ta rufe ni. "Kai, tsohon munafuki! Ashe ka sani?"

"Wa kike zato ya shimfiɗa faffaɗan dutsen nan a ɓarakar katanga? Ta taɓa zamewa a wurin ta ƙuje gwiwa, ta ce mini wai kaza ta biyo. Kaza mai warin giya! Ban ce mata uffan ba, washegari na kai dutse."

Sorcha ta fashe da kuka haɗe da dariya. Shi ma ya goge ido da bayan hannu, ya miƙa mata kwanon.

"Ƙaro mini, 'yar nan. Ran Asabar kuma ki taka dutsen a hankali, gansakuka ta rufe shi tun da uwarki ta daina bi. Gobe da safe zan fita in kankare."